Gwaggo da Tuffar Kala

Daga Allah muke, gare shi kuma Gwaggo ta riga mu komawa, ranar wata Lahadi da hantsi, a wani asibiti kusa da Gaithersburg, lokacin da ganyen bishiyoyin Maryland ya yi ja yana zuba. Yayar mahaifinmu ce. Ita ta riƙe mu, ni da Yaya, tun muna ƙanana, saboda haka a wurinmu uwa ce ta rasu, ko da yake ba ta taɓa yarda mu kira ta Inna ba. Takan ce uwarmu ɗaya ce, tana kabari, ita kuwa Gwaggo ce kuma sunan ya ishe ta.

Bayan an kai ta, gidan Yaya ya cika ya tumbatsa. Mutanen Laurel, mutanen Manassas, har da waɗanda suka tuƙo daga Baltimore bayan sun tashi daga aiki. Takalma sun taru a bakin ƙofa har ba wurin taka ƙafa. Kusan duk wanda ya durƙusa ya yi mana gaisuwa sai ya ƙara da cewa, "Allah ya jiƙanta, baiwar Allah mai haƙuri." Ina amsawa da amin, amma a zuciyata ina ji kamar in tambaye su ko gidan suka ɓata. Gwaggo tana da tausayi, tana da kyauta, ba ta wasa da salla. Haƙuri kuwa, a bar maganar. Mace ce da in ka yi mata ba daidai ba da safe, kafin azahar ka ji sakamakonka, kuma a gaban ko wane ne. Abin da ya sa nake wannan rubutu ke nan. Ba na so a wanke ta a goge ta har ta koma wata tsohuwa da ba a san ko wace ce ba.

Gaisuwar da ta fi shiga raina wata mata ce 'yar Nijar da ke zaune a Manassas ta yi mini ita, a kicin. Ta riƙe hannuna tana kuka, sai idonta ya faɗa kan obin, ta ce, "Auta, ashe bana ba kobla ke nan?" Nan take ta toshe bakinta don kunya, wai ta yi maganar abinci a gidan makoki. Na ce mata ta saki bakinta, ita kaɗai ce ta yi ta'aziyyar Gwaggo tun da aka fara zaman nan.

Kobla wani gashi ne na mutanen ƙasar nan. Ana yanka tuffa a zuba a ƙasan tire, a sa kwaɓin fulawa a sama, a gasa a obin, a ci da ɗumi bayan abinci idan sanyi ya fara shigowa. Gwaggo ta shekara ashirin da wani abu tana yin sa duk kaka, kuma a kansa ta bar wasiyya. Kwanaki kaɗan kafin ta cika, da la'asar, ina gefen gadonta Yaya yana ɗaya gefen, ta zare abin numfashi daga hancinta ta ce, "Ranar bakwai kada a cika wa mutane ciki da abincin kanti. A yi waina, a yi shinkafa, amma a yi mini kobla. Da tuffar kala." Ta juya ta kalli Yaya. Sunan mahaifinta ya ci, don haka ba ta taɓa kiran sunansa ba. Ta ce, "Babana, kai za ka tsinto."

Yaya ya gyara mata bargo, ya ce Allah ya ba ta lafiya. Bai ce to ba, bai ce a'a ba. Ni kuwa na san abin da ta ɗora masa ya fi masa ɗaukar gawarta nauyi, kuma na shiga zaman makokin nan ban san ko zai cika mata ba.

Sai an koma baya kaɗan kafin a gane dalili. Mahaifinmu ya rasu a ƙauyenmu, can wajen Ɗambatta, mahaifiyarmu ta bi shi ba da jimawa ba. Gwaggo ba ta da ɗa mai rai, ba ta da gona, auren ma ta riga ta baro shi. Ta kwashe mu ta kai ɗakinta. Da damina tana aikatau, da rani tana tuyar waina, da kaka kuwa kala take yi. Wanda bai tashi a karkara ba, kala ita ce ka bi gonar wani bayan ya gama girbi ya kwashe amfaninsa, ka tsince abin da ya rage a ƙasa. Gyaɗa ta fi bi. Ni ina goye a bayanta, Yaya yana biye da ita da ƙwarya da guntun ice yana tonon kunyoyin gonar. Da wannan gyaɗa ta yi ƙuli-ƙuli da mai, da su ta saya masa littafin makaranta. Yau Yaya injiniya ne, kuma shi ne shugaban ƙungiyar mutanenmu na wannan yanki. Da matarsa ta haihu na fari ya ɗauko Gwaggo wai ta zo wankan jego, ya ƙi mayar da ita. Ni ma daga baya na biyo su, na yi karatun jinya, na zauna a Laurel.

Shekararta ta farko a nan kamar a kurkuku ta yi ta. Ba turmi, ba murhu, ba mai sallama. Takan tsaya a taga ta ce, "Wannan gari ko akuya ba ta wucewa." Wadda ta fitar da ita daga ƙuncin nan maƙwabciyarsu ce, wata tsohuwa baƙar fata 'yar asalin kudancin ƙasar nan, mijinta ya rasu, 'ya'yanta sun watse. Ita ta ƙwanƙwasa ƙofa wata rana da kobla a hannu. Gwaggo ta ɗanɗana, ta tauna a hankali, ta ce wa matar Yaya, "Ba laifi. Amma wanda ya yi wannan tsoron yaji yake ji." Washegari ta ɗauki mayafinta ta tsallaka gidan matar. Ita ba Turanci, waccan ba Hausa. Abin da Gwaggo ta iya bai wuce "tankiyu" da "no gud" ba, kuma na biyun ta fi amfani da shi. Haka ta tsaya a kanta tana kallo har aka zo sa kwaɓi. Da ta ga matar tana gutsuro shi tana sakawa curi-curi a kan tuffar, sai ta tafa hannu ta ce, "Au, ashe jefa shi ake kamar ɗanwake!" Daga ranar ta daina jin tsoron obin. Ƙawa take kiran matar, har Allah ya raba su shekarun baya, kuma Gwaggo ce ta zauna a gaban gadonta tana shafa mata ƙafa.

Koblar Gwaggo ba irin ta kowa ba ce, ina faɗa da alfahari. Inda masu abin suke matsa lemon tsami, ita tsamiya take jiƙawa. Kirfa kaɗai ba ta ishe ta ba, sai ta daka citta da kanumfari a ɗan turmin da Yaya ya gaji da mita ya sayo mata. Bota kuwa sai ta narka ta ta tace ta koma man shanu, kwaɓin kuma da kindirmon da ta haɗa da kanta take yi. Ba ta san cokalin awo ba, tafin hannunta ne mudunta. In na sa bayan cokali zan daidaita saman, sai ta doke hannuna ta ce, "Kar ki lailaye shi, ba alkaki ba ne. Bar masa ramukan da ruwa zai tsattso." Ba ta duba agogo. Takan ja kujera ta zauna kusa da obin da carbinta, in ta ji gefen tiren ya fara gunaguni, ƙamshin citta ya kai falo, sai ta ce a sauke. 'Ya'yan Yaya, waɗanda in ka yi musu Hausa su amsa maka da Turanci, a wannan lokaci ne kawai za ka ji sun ce, "Gwaggo, a ƙara mini," baƙi da wasali daidai, domin ta rantse wanda bai roƙa da Hausa ba ba zai ci ba.

Maganar kala ta samo asali ne ranar da muka kai yara wata gonar tuffa a arewacin Gaithersburg, irin wadda ake ba ka kwando ka shiga ka tsinka da kanka, a auna a bakin ƙofa ka biya. Da na yi wa Gwaggo bayani ta tsaya cak. Ta ce, "Tsaya, Auta. Mu za mu yi masa girbi, mu kuma za mu biya shi? Wannan manomi ya gama da duniya." Ta yi ta dariya har da riƙe ciki. Amma da muka shiga cikin layukan bishiyoyin dariyar ta ɗauke. Ƙasa ta yi ja da tuffar da ta faɗo, mutane suna takawa suna wucewa suna ɗaukar hoto. Ta sunkuya ta ɗauki ɗaya, ta juya ta, ta danna da babban yatsa. Gefe ɗaya ne ya bugu, sauran lafiya ƙalau. Ta ce, "Kai ni wurin mai gonar."

Wani dogon dattijon Bature ne mai jar fuska da hular hana salla. Na zama tafinta. Ya ce ta ƙasa ba ya sayarwa, barewa da rina ke ci, sauran ta ruɓe ta zama taki. Gwaggo ta ce in tambaye shi yaushe zai gama girbi, ya ce ƙarshen wata. Ta ce, "To ce masa in ya gama ina neman izini in shigo in tsince." Na ce mata ai mutumin bai damu ba, ta ɗiba yanzu mana. Ta watsa mini harara ta ce, "Kala ba sata ba ce. Sai mai gona ya gama, sai kuma ya ce a shiga." Dattijon ya sosa ƙeya, ya ce ya yarda, amma da sharaɗin a wanke a dafa, kada a ci ɗanya. Gwaggo ta ce, "Ce masa ni ba akuya ba ce." Wannan kam ban fassara ba. Mako guda bayan kalar farko ta sa na mayar da ita da tire guda na kobla mai zafi, ta miƙa masa a bakin rumfarsa. Tun daga nan duk ƙarshen kaka ni ke kai ta, da buhunan shinkafa da ta wanke ta adana, da 'yar wuƙarta da ta taho da ita daga gida wadda wasawa ta sirantar.

Yaya ya daɗe yana kawar da kai. Ya san daga inda tuffar take fitowa, amma tunda ba a faɗa a gabansa, shi ma bai ɗaga maganar ba. Har wata shekara wasu iyalai daga cikin mutanenmu suka je gonar a makon ƙarshe, suka ɗauki hoton 'ya'yansu, ga Gwaggo can a baya ta duƙa da buhu tana tsinta. Hoton ya shiga zauren ƙungiya na waya, wani ya rubuta a ƙasa, "Gwaggon Shugaba ba ta gajiya." Wataƙila ma yabo ya yi. Yaya dai ya dawo gida ya sha kunu, ya same mu a kicin muna yanke ɓacin tuffa. Ya durƙusa ya gaishe ta kamar kullum, sannan ya ce, "Gwaggo, me na rage ki da shi?"

Ta ce, "Ba komai, Babana."

"To don Allah me ya sa za ki sa a ce ba na ciyar da ke? Tuffa ce ba zan iya saya miki ba? Ki faɗi mota nawa kike so a sauke. Na kawo ki ƙasar nan ne don kada ki ƙara sunkuya wa abin ƙasa har ki koma ga Allah."

Gwaggo ta ajiye wuƙa, ta goge hannu a zaninta. Na san an zo wurin, na ja kujerata baya. Ta ce, "Sunkuyon nan da kake jin kunyarsa, shi ya miƙar da kai. Na roƙi wani? Na saci na wani? Abinci ne Allah ya zubar a ƙasa, masu shi suka ce in ɗauka. In kunya kake ji, ka ce musu ba ka san ni ba, 'yar aiki ce. Amma ni dai ba zan ga abinci yana ruɓewa in wuce ba don kana shugaban masu manyan riguna." Ta ɗauki wuƙarta ta ci gaba da aiki kamar ba a yi komai ba. Yaya ya tashi ya fita. Sun yi makonni daga gaisuwa sai gaisuwa. Daga baya suka shirya, don ba mai iya rabuwa da wani, amma ita ba ta fasa kala ba, shi kuma ba a ƙara ganin ya sa kobla a baki ba. Duk shekara takan yanka rabonsa ta rufe da faranti ta ajiye a tebur, ba ta ce masa ci, ba ta ce masa bari.

Matar nan ta Manassas da na ambata, ga yadda suka haɗu. Mijinta ya kwanta ciwo, ta shiga aikin kula da tsofaffi a wani gidan jinya, tana wanke su tana canza musu shimfiɗa, amma a taron mata sai ta ce a ofis take aiki. Gwaggo ta kalli hannunta da sabulu ya cinye, ta kalli yadda take dafa ƙugu in za ta tashi, ta gane. Ba ta tona ta ba. Ta sa na kai ta har gidan da tiren kobla, ta zauna a kan dadduma ta ce, "'Yata, ni da kalar gyaɗa na yi injiniya. Ke da wankin tsofaffi Allah kaɗai ya san me za ki yi. Ki daina ɓoye hannunki a mayafi." Ta kwashe 'ya'yan matar ta riƙe su duk ƙarshen mako har mijin ya miƙe, ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Matar ce da bakinta ta ba da labarin a zaman makoki, a gaban matan da ta taɓa ce wa a ofis take.

Ranar Laraba, ana tsakiyar karɓar gaisuwa, Yaya ya kira ni gareji. Ya buɗe bayan motarsa, ga kwalayen tuffa daga kanti, manya-manya, jajaye, suna ƙyalli kamar an shafa musu mai. Ya ce, "Ga shi nan, ku yi koblar. In bai isa ba a ƙaro."

Na ce, "Yaya, ba wannan ta ce ba."

Ya ce, "Tuffa tuffa ce, Auta. Ladan sadaka ɗaya ne. Wa zai sani?"

Na ce, "Ni da kai."

Ni ɗin gadon bakin Gwaggo na yi, kowa ya sani, kuma na shirya masa magana mai zafi. Amma ya riga ni. Ya jingina da mota ya ce, "Ke a goye kike. Ba ki san komai ba. Ni ne nake shiga aji ɗaya da ɗan mai gonar da muka yi wa kala jiya. Ni ake ce wa ɗan kala, a jefo mini ɓawon gyaɗa a ce in tsinta. Har na gama firamare ban taɓa faɗa mata ba, don kada ta je ta yi faɗa a ƙara yi mini dariya. Na yi rantsuwa a raina in Allah ya ɗaga ni, ni da ita mun gama da ƙasa." Ban taɓa jin wannan labari ba. Na tausaya masa ƙwarai. Duk da haka na ce, "Da ni ta ce, da tuni na je na dawo. Kai ta ce. Waɗannan kuwa a raba wa yara su ci, ni ba zan gasa su da sunanta ba." Na koma cikin mata na bar shi a tsaye.

Alhamis ta wuce bai ce mini uffan ba. Na riga na saddaƙar. Na fara tunanin yadda zan gaya wa mutane ranar Asabar cewa ba kobla, ba tare da na tona masa asiri ba. Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci ina ƙoƙarin tayar da mota sai ga shi ya ƙwanƙwasa gilashi, cikin farar shadda da hula. Ya ce, "Ta ina ake bi a je gonar nan?" Bai taɓa zuwa ba. Na buɗe masa ƙofa, ya shigo muka kama hanya.

Mai gonar ya tsufa sosai, yana zaune a rumfarsa. Da ya gan ni ya leƙa bayana yana neman Gwaggo, ya tambaya ina Anti, ya ce tun makon jiya yake sa ido. Na gaya masa. Ya cire hularsa ya riƙe a ƙirji. Sannan ya ce mu shiga mu tsinki duk abin da muke so a kan bishiya, kyauta. Ga hanya ta samu, kuma na ga Yaya ya gan ta. Amma sai ya gode wa mai gonar da Turancinsa na ofis, ya ce ba ta sama muka zo nema ba. Ya tambaye shi ko akwai ɓangaren da ya gama girbewa. Dattijon ya nuna layukan can ƙarshe. Yaya ya ce, "To ina neman izininka in tsinci ta ƙasa."

Ya naɗe hannun riga, ya tattare shaddar nan ya ɗaure a ƙugu, ya duƙa. Da farko gwiwoyinsa suka yi ƙara, ya dafa bishiya. Can sai na ga hannunsa ya tuna. Ya ɗauka, ya juya, ya danna da babban yatsa, mai kyau ta shiga buhu, ruɓaɓɓiya ya ture gefe, ido yana kan ta gaba tun kafin ya saki ta hannu. Ni da na shekara da shekaru ina rako Gwaggo, kafin in cika rabin buhu ya cika nasa ya karɓi wani. Rina ta harbe shi a yatsa, ya tsotse ya ci gaba. Da muka kai ƙarshen layi na hango kafaɗunsa suna rawa, sai na juya baya na ba shi wuri.

Asabar tun da safe muka hau aiki, ni da matar Yaya da matar Manassas. Muka wanke da ruwan gishiri, muka yanke ɓaci, muka jiƙa tsamiya, aka daka citta. Hannuna bai kai na Gwaggo faɗi ba, don haka awon ya ba ni wuya. Da tiren farko ya fito muka tsaya a kansa kowa tana tsoron ɗanɗanawa. Yaya ya shigo neman makullin mota, ya ɗauki cokali ba tare da an ce masa ba, ya kai baki, ya ce, "Tsamiya ta yi kaɗan. Nata ya fi haka kama harshe." Na buɗe baki ina kallonsa. Matarsa ta fashe da dariya tana share hawaye ta ce, "Ke dai ba ki sani ba. Rabon nan da ake rufe masa, wa kike tsammani yake cinyewa in kowa ya fita?" Muka ƙara tsamiya.

Bayan la'asar aka taru a ɗakin taron da ƙungiya ke haya. Aka yi karatu, aka yi addu'a, aka ci waina da shinkafa, sannan muka fito da tire-tiren kobla. Ina tsaye a bakin labulen da ya raba maza da mata, da ludayi a hannu. Wani dattijo a cikinmu, tsohon ma'aikacin gidan rediyo, mai muryar da ba ta buƙatar lasifika, ya ci cokali biyu ya ɗaga kai ya ce, "Shugaba, a wane kanti kuka samo tuffa mai ɗanɗano haka?"

Da Yaya ya ce Allah ne ya hore, da maganar ta wuce, ba wanda zai ƙara tambaya. Wasiyya kuma ya riga ya cika ta, ba mai bin sa bashin komai. Sai na ga ya miƙe tsaye a gaban likitoci da malaman jami'a da 'yan kasuwa, ya ce, "Ba a kanti ba ne, Alhaji. Kala ce. Jiya na je na roƙi mai gona, na tsinto a ƙasa da hannuna. Da irinta Gwaggo ta ciyar da ni har na zama mutum. Ni ɗan kala ne."

Ɗakin ya yi tsit, har ana jin ƙarar injin ɗumama ɗaki. Alhaji ya ajiye cokalinsa, ya daɗe yana kallon Yaya, sannan ya ce, "Gyaɗa ko gero?"

Yaya ya ce, "Gyaɗa."

Alhaji ya ce, "Ni gero na yi, a ƙasar Daura, ni da kakata." Can daga baya wani likita da ban taɓa jin ya yi maganar ƙauyensu ba ya ce shi wake ya yi. Wani mutumin Maraɗi shi ma ya ɗaga hannu. Liman ya gyara zama ya ce a ƙara wa baiwar Allah nan fatiha.

Na ɗaga hannu da ludayin a ciki, don na manta in ajiye. Allah ya jiƙan Gwaggo, ya yafe mata zafin bakinta, ya saka mata da abin da ta ciyar, ya sa can ta fi nan hutawa. Ita ta goye ni, kuma ban taɓa jin girman hakan kamar yadda na ji a wannan yammaci ba.